Abin da ƙwallon Amurka ya bar min na mijina

Edita, a farkon shekarun tamanin ni nas ce a wani asibiti a Riyad, amarya mai ji da kanta, don na auri mutumin da matan 'yan Najeriya ke leƙowa su gani. Karatun injiniya ne ya kai shi Amurka, girman jikinsa kuma ya sa aka ja shi cikin ƙwallonsu, wanda ake sa hular kwano ana karo kamar raguna, har ya zama sana'arsa. Ya taɓa bayyana min aikinsa. Ba kasafai ake ba shi ƙwallon ba, nasa shi ne ya ruga gaba, ya sunkuyar da kai, ya banke duk wanda ya tare hanya, mai ƙwallon ya wuce ta bayansa. In ya suma a shaƙa masa wani abu a hanci, ya tashi ya koma fili. Dariya na yi, na ce ashe bijimi na aura.

Da gwiwarsa ta gaza sai ya samu aiki a wata masana'anta a Birnin Masana'antu na Biyu da ke Riyad. Ba mu daɗe ba na fara ganin abubuwa. Ciwon kai ba ya barinsa, ba ya idar da salla sai da rafkanwa, kuma sai mu shiga tsakiyar kasuwar Batha ya tsaya ya tambaye ni me muka zo yi. Na san alamar, don na ga yadda tsofaffin 'yan damben garinmu suke ƙarewa. Amma na ja bakina na tsuke. Ina tsoron kafilinsa, ubangidan da ya tsaya masa a ƙasar, ya ji ya soke masa iƙama, wato takardar zama, tsoron bakin mutane kuma ya fi haka. Wani likita ɗan ƙasarmu, abokinsa, ya ja ni gefe ya ce in kawo shi a duba kansa, na ce gajiya ce kawai. Kuma da yake mace ba ta tuƙi a ƙasar, kullum ni ce mai miƙa masa makullin mota da hannuna.

Wata Alhamis da hantsi, cikina ya tsufa, muka nufi kasuwar Aziziya. Wata motar kayan lambu ta tsaya a gabanmu. Ina kallonsa, bai taka birki ba. Sunkuyar da kai ya yi, ya karkata kafaɗa, ya ƙara wuta.

Shi ƙujewa kawai ya yi a goshi. 'Yar da ke cikina ba ta zo da rai ba. Washegari ya shigo ɗakin da aka kwantar da ni, ya ɗora hannu a cikina, ya tambaya yaushe zan haihu. Na yi ihu har abokan aikina suka fitar da shi. Bayan an sallame ni ya sake tambaya, na faɗa masa, ya fashe da kuka kamar yanzu abin ya faru. Haka muka yi ta yi, yana tambaya, ina faɗa, yana kuka. Wata rana na ji kaina ina ce masa saura kaɗan, ya yi murmushi, ni kuma na ci gaba da yankan albasata. Tun daga ranar ban ƙara jin zafi ba, ban kuma ƙara jin daɗi ba.

Mun dawo gida, ina jinyarsa har yau. Ban tsane shi ba, don abin da aka koya wa jikinsa ya yi. Abin da na koya shi ne rufin asiri ba ya maganin ciwo. Ku iyayen da ake yaba ƙirar 'ya'yanku ana neman kai su wasa waje, ku tambaya da wane sashen jiki za su ci abinci. Ke kuma 'yar'uwa, in kin ga mijinki ya fara ɓata a hanyar da ya sani, ki kai shi asibiti ko duniya za ta yi da ke. Ni na tsare masa mutunci, na binne 'yata.