Sanije Taka-a-hankali

A unguwarmu da ke manne da tsohon dandalin Rumawa na birnin Durrës a ƙasar Albaniya, babu yaron da ya girma bai sha tsawar Sanije ba. Laifin kullum guda ne, gudu a tsakar gidanta. Har laƙabi muka sa mata, Sanije Taka-a-hankali, muna cewa tsabar fitina ce. Allah ya yafe mana, kusan shekara hamsin muna cin namanta a kan abin da ba mu sani ba.

Gidan yana kan tudu, daidai inda masu haƙa kayan tarihi suka tsaya. Ta tagar ɗakin girkinta ana hango matakalan dutse suna gangarawa a zagaye har ƙasa, inda a da ake sakar wa mutum namun daji jama'a na kallo. Tana amarya aka fara tonon, kuma da idonta ta ga yadda abin yake tafiya. Duk gidan da aka samu tsohon gini a ƙarƙashinsa, sai a kwashe mutanensa zuwa benaye a bayan gari, a rushe shi. Haka aka yi wa aminiyarta Lumturi, wadda ba ta cika shekara biyu a benen ba ta rasu.

Wata rana mijinta Hysni yana haƙa ramin dashen lemon tsami, sai diga ta kuɓuce masa ta shige ƙasa. Sai da suka ɗan jima kafin su ji faɗuwarta. Ya leƙa da fitila, ya ga soro mai bakan gizo, tubali jere ras, zurfinsa ya kai tsayin mutum uku. Ya san in aka ji, gidan ya tafi. Ya samo katakai ya shimfiɗa, ya zuba ƙasa, ya shafe da siminti, sannan ya sa ta rantse ba za ta faɗa wa kowa ba. A wancan zamani ko tari ka yi sai an kai wa hukuma labari, don haka ba ta yi gardama ba.

Tun daga ranar hankalinta bai ƙara kwanciya ba. Ta jera gwangwanayen man zaitun a kan wurin, ta shuka ɗoɗɗoya da furanni, don kowa ya kewaye. In aka yi ruwa mai ƙarfi, kafin ta ɗora kofi sai ta je ta tsuguna ta duba. Hysni ya rasu da maganar a cikinsa, ya bar mata ita. Bayan girgizar ƙasar nan da ta tayar mana da hankali, tsaga ta fito a simintin. Da farko allura ce ke shiga, daga baya tsinken ashana, bana kuwa ɗan yatsanta.

Sai ga bikin Ardita, jikarta, 'yar ɗanta Bujar, wadda a hannunta ta tashi. Sanije duk maza ta haifa, ba a taɓa fitar da amarya daga gidan ba. A wajenmu kuwa ranar Asabar a tsakar gidan amarya ake rawa, a riƙe hannu a yi da'ira, tsohuwar gida ce a gaba tana kaɗa hankici.

Ta yi iya dabararta. Ta ce a kama ɗakin taro a bakin teku, Bujar ya ce 'yarsa ba marainiya ba ce da za a yi mata rawa a gidan haya. Ta ce gwiwarta, ya ce gwiwar da ke kora yara har bakin titi ai ba ta da ciwo. Ta ce furanninta, ya ce da kansa zai kwashe su ya mayar.

"Inna, wai me kike ɓoyewa a cikin gwangwanayen nan, zinariya?" in ji shi yana dariya. "Bari mu gani ko za mu yi arziki."

In ta faɗa masa, matarsa za ta ji, kuma abin da matar Bujar ta ji, kasuwa ta ji. Ta riƙa gaya wa kanta katakan sun riƙe shekara hamsin, ba za su gaza a yini guda ba, sai kuma ta tuna ba su taɓa ɗaukar abin da ya fi ɗoɗɗoya nauyi ba.

Ranar Asabar da la'asar gida ya cika maƙil. An kwashe gwangwanayen, an shimfiɗa darduma a kan tsagar, an ci burek, gurasarmu mai nama a ciki, maza sun ɗan taɓa barasar raki, mai ganga ya ɗaure gangarsa. Ardita da kanta ta sa wa kakarta farin hankici a hannu. Sanije ta ja layin, amma ta bi jikin bango kamar mai gudun kwata. Mutane suka yi ta dariya suna cewa tsohuwa ta manta rawa. Layi yana ƙara tsawo, da'ira tana matsewa zuwa tsakiya. Sai ƙawaye suka jawo amarya suka tsayar da ita a kan dardumar, samari suka fara dire ƙafa kewaye da ita. Sanije ta ji ƙasa tana amsa gangar a tafin ƙafarta.

Ta saki hannun na bayanta, ta je ta dafe fatar gangar da hannu biyu. Kiɗa ya tsaya.

"Ardita, zo nan wurina. A hankali, 'yar nan, kar ki yi gudu," in ji ta. "Ku ma ku ja da baya. Rami ne a ƙarƙashinku, ginin Rumawa ne, katako kawai ya rufe shi."

Bujar ya matso kusa da kunnenta. "Inna, a gaban mutum sittin? Kin san kin ba da gidan nan ke nan?"

"Na sani, ɗana. Fitar da su."

A kan titi aka ƙarasa rawar, ba wani armashi. Washegari aka kai amarya, Bujar bai yi wa uwarsa magana ba. Mu da muka sa mata laƙabi kuwa kunya ta hana mu haɗa ido da ita.

Ranar Talata ma'aikatan hukuma biyu suka zo da igiyar awo. Baƙo baƙo ne ko da rushe gidanka ya zo yi, don haka ta dafa musu kofi, ta kawo ɓaure a faranti. Babban cikinsu ya fasa gefen simintin, ya sa hannu ya kama katako guda, sai ya marmashe masa kamar busasshen burodi. Ya daɗe yana kallon tafin hannunsa, sannan ya tambaye ta mutum nawa suka hau wurin. Ta ce ba ta tsaya ƙirga ba.

Da zai tafi ya tsaya a ƙofar gida zai rubuta lambar da ake sa wa gidajen da za a rushe, ya rasa inda zai ajiye gwangwanin jan fentin. Sanije ta karɓa ta riƙe masa har ya gama.