Tagar da Kotu Ta Ce a Toshe

Gidanmu na Palladan katanga ɗaya ce ta raba mu da wani tsohon malamin firamare, Kirista daga kudancin Kaduna, da kowa ke kira Ticha. Mun daɗe muna zaman lafiya, sai ranar da ya fasa taga a ɗakinsa. Tagar tana kallon tsakar gidanmu, inda muke wanki da tankaɗe ba ko ɗankwali. Babanmu zuciyarsa a kusa take, ni ma ita na gado. Sau biyu ya yi magana, Ticha ya ce ya ji, bai toshe ba. Baba ya hau babur sai kotu a Sabon Gari.

Alƙali ya ba Ticha wata guda ya toshe. Wata ya wuce, taga na nan daram. Lauyan Baba ya ce a koma da ƙarar raina kotu, in laifin ya tabbata kuwa gidan yari ne. Baba ya ce a shigar. Ni, Allah ya yafe mini, har tafi na yi.

Saura kwana biyu a zauna a kotu, Baba ya dawo daga aikinsa a Samaru da wuri, ya tarar Inna ta kife turmi ta taka, tana miƙa kwanon kunu ta tagar.

"Wa kike ba?"

"Matar Ticha ce, Malam. Tun da ɓarin jikinta ya shanye ba ta fita. Ta nan take shan iska, ta nan take jin muryar mutane."

Baba ya san ba ta da lafiya, amma bai san gadonta ne a ƙarƙashin tagar ba. Ticha kuwa taurin kai ya hana shi ambatar ciwon matarsa a gaban alƙali. Daga ciki sai muka ji wata murya da ƙyar: "Sannu da zuwa, Malam." Baba ya juya ya shige ɗakinsa.

Ran zama Baba ya miƙe ya ce ya janye ƙarar. Lauya ya ɓata rai. Alƙali ya ce janyewa hakkinsa ce, amma umarnin toshewa na nan. Baba da Ticha suka dawo gida a babur ɗaya. Tagar dai ba a toshe ba, Baba kuma bai ƙara tada maganarta ba.

Ina kewar shekarar nan. Inna a kan turmi, ni ina tsinke zogale, muna kai wa matar Ticha labarin unguwa har da ƙari, tana dariya da rabin baki.

Da damina ta rasu. Mako guda da binne ta Ticha ya yi sallama, magini na biye da shi.

"Malam, na zo in bi umarnin kotu."

"Haba Ticha, bar ta mana."

"Ba mai leƙowa kuma," in ji shi.

Aka toshe. Turmin ya fi wata a kife a gindin katangar, Inna ta koma aron na maƙwabta.