Shekarar da Iska Ta Yaye Rufin Ajinmu

Har yau in iskar hadari ta fara buga kwanon rufi, zama gagarata yake. Sai in tashi in yi ta zagaya ɗaki, don ƙarar nan aji huɗu take mayar da ni, a firamaren gwamnati da ke bayan gidanmu a Ƙofar Marusa.

Goggona, ƙanwar babanmu, ita ce malamar ajin. Mu uku ne a bencinmu: ni ɗiyar tela, da ɗiyar wani babban ma'aikaci a sakatariya, da wata Kirista 'yar Kafanchan wadda uwarta nas ce. In an tashi tara, awara ɗaya muke gutsura. A wancan zamanin idan taga ta karye ko famfo ya lalace, ba a daɗewa ake gyarawa. Sai da na girma na gane dalili: iyayen wasunmu suna da bakin da ake ji a ofis.

Daga nan makarantun kuɗi suka fara tsirowa, tun daga Ƙofar Sauri har unguwarmu. Gida ne kawai za ka ga an shafe da fenti an kafa allo. 'Yar Kafanchan ce ta fara tafiya. Uwarta da kanta ta zo ta ba Goggo haƙuri, ta ce ajin ya cika, yarinyar ba ta jin abin da ake koyarwa. Bayanta sai ɗiyan ma'aikata suka riƙa zarewa ɗaya bayan ɗaya.

Goggo ta kasa zaune ta kasa tsaye. Bayan la'asar sai ta yafa mayafi ta bi gidajen iyaye. Ranar da ta je wurin ma'aikacin sakatariyan tare muka tafi. Suka daɗe suna gaisawa a zaure, sannan ta ce, "Alhaji, ka bar mana yarinyar nan. In kuka kwashe naku duka, wa zai yi magana don sauran?"

Can ya ce, "Malama, gaskiya kika faɗa. Amma ɗiya guda Allah ya ba ni, ba zan yi gwaji da ita ba."

A hanyar komawa Goggo sauri take, ina gudu-gudu kafin in cim mata.

Da damina ta faɗi, iska ta yaye rufin ajinmu ta yar a bayan katanga. Goggo ta yi ta zarya a ofishin ilimi, kullum a ce ta dawo. Muka koma ƙarƙashin itacen bedi muna karatu a ƙasa, ido ɗaya a allo, ɗaya a gabas, don da hadari ya haɗu sai a kore mu gida. Wasu daga wannan korar ba su sake dawowa ba, maza suka shiga gareji, mata suka ɗauki talla. Ni Goggo ce ta riƙe ni da karatu a ɗakinta. Har na gama firamare ba a mayar da rufin ba.

Yanzu ni ma ma'aikaciya ce, ɗiyata kuma ta isa shiga makaranta. A layinmu kaɗai makarantun kuɗi sun fi masallatai yawa, ta gwamnati kuwa sai wanda ba shi da yadda zai yi. Kwanan baya na ɗauki yarinyar muka je wurin Goggo, ta tsufa, ido ya yi rauni. Na tambaye ta inda zan kai yarinyar, ina jiran ta faɗa mani abin da ta faɗa wa Alhaji.

Ta lalubo hannun yarinyar ta riƙe.

"Na roƙi mutane ɗiyansu," ta ce. "Wagga jikata ce. Ba zan roƙe ki ba."

Litinin mai zuwa ake komawa makaranta, kuma har yanzu ban kai wa tela ɗinkin kayan makarantarta ba, don ban san kalar yadin da zan saya ba.