Zanen da Na Yi a Ƙyauren Sitti Maryam

Ranar wata Alhamis ce a tsakiyar zafin shekarar 1984, lokacin da dabino ya fara nuna a gonakin unguwar Al-Ranuna ta Madina, na tsaya a ƙofar gidan Sitti Maryam da guntun alli a hannu. Shekarata goma. Da safe an aike ni sayen tamis, mai gasa burodin ya naɗo mini shi a shafin wata tsohuwar mujalla. A shafin akwai hoton sojoji jere a ƙarƙashin wata tuta mai alama kamar gicciyen da aka lanƙwasa hannuwansa huɗu. Alamar ta burge ni, na ga za ta yi kyau a zanen lalle. Bayan la'asar, da muka gaji da 'yar gala-gala, wadda 'yan Hijaz ke kira birbir, sai na zana ta ƙatuwa a jikin koren ƙyauren Sitti, na miƙa wa ƙawata Zahra allin, na ruga gida shan ruwa. Da na fito na tarar Sitti ta dawo daga masallacin Kuba, tana tsaye gaban ƙyauren, damin na'ana'arta ya faɗi ƙasa. Ta dafa bango, ta sulale ta zauna a turɓaya, numfashinta na fita da ƙyar.

Sitti Maryam Bajamushiya ce, kuma duk unguwar ba wanda bai san haka ba, amma mu yara ba mu taɓa ɗaukar abin da wani muhimmanci ba. A wurinmu tsohuwa ce doguwa mai shuɗin ido, mai Hausar mutanen Sudan haɗe da Larabci, wadda harafin ra ke fito mata daga maƙogwaro. Aikin jinya ya kai ta Sudan tun tana budurwa, a can ta musulunta ta auri Malam Idrisu, Bahaushen garin Mai Wurno, suka yi ƙaura zuwa Madina, ya rasu ya bar ta ba ɗa. Mu kuwa Baba ne ya kawo mu daga Zariya, yana karantarwa a jami'ar Musulunci. Bangonmu ɗaya da ita. Ita ke wanke mana ciwo idan ƙayar dabino ta soke mu, ita ta koya mini saƙa da kirtanin ulu, kuma a tsakar gidanta muke carafke saboda simintinta ya fi na kowa santsi. Kullum da hantsi nakan cika mata tulu, in share ganyen da iska ta zubo daga gonar bayan gida, inda injin ban-ruwa ke ta bugawa, ruwa na bin ƙananan magudanai zuwa gindin dabino da fadamar ciyawar awaki. Idan na gama takan ce, "Ya binti, 'yata, aiki ya ƙare, saura shayi."

Baban Zahra, Ammu Adam, mutumin Cadi ne mai ɗaukar kayan gona a motarsa. Shi ya ɗauki Sitti zuwa asibiti tare da Ummata. Kafin su tashi kowa ya ga allin a hannun Zahra. Baba ya fito, ya dubi zanen, fuskarsa ta canza, ya sa aka kawo tsumma da ruwa ya goge da hannunsa. Ni dai ina laɓe a bayan Umma ban buɗe baki ba. Da yamma na jiyo kukan Zahra ta katanga, uwarta na dukanta tana cewa ta kunyata su a gaban maƙwabta. Na jiyo Zahra tana ta maimaita ba ita ba ce, amma ko sau ɗaya ba ta ambaci sunana ba.

Kwana uku Sitti ta yi a asibiti, hawan jini ne ya tashi. A kwana ukun nan abinci bai yi mini daɗi ba. An hana Zahra fita. Nakan cika tulun Sitti kamar kullum, in share tsakar gidan da ba kowa, in zauna a dakalinta ina tunanin idan ta mutu ni na kashe ta, kuma ban ma san da me na kashe ta ba. A rana ta uku ina tsince wa Umma shinkafa a faranti sai hawaye suka fara ɗiga a kai. Ta tambaye ni, na faɗa mata komai. Ba ta dake ni ba. Ta ɗaure mini ɗankwali ta ce, "Da bakinki za ki faɗa, a gaban Sitti da gaban uwar Zahra."

Washegari da hantsi, bayan an sallamo Sitti, muka shiga. Tana kishingiɗe a kan katifa ƙarƙashin fanka, Zahra da uwarta na zaune a gefe sun zo ban haƙuri. Na durƙusa na faɗi abin da na yi. Sitti ta dube ni ta tambaya, "Kin san ma'anar alamar?" Na ce a'a, a takardar tamis na gani. Sai ta yi ajiyar zuciya mai tsawo, har da ɗan murmushi, ta ce, "Alhamdulillahi. Na ɗauka wani babba ne ya aiko da ita." Ta sa muka matso, ta ba mu labarin da ko Umma ba ta taɓa ji ba.

Ta ce alamar tutar wani azzalumi ce da ya mulki ƙasarsu tana yarinya, wanda ya jefa duniya cikin yaƙi, ya sa aka riƙa kwashe Yahudawa da naƙasassu da duk mai ja da shi ana hallaka su. A makaranta an koya mata ɗaga hannu ga tutar, ta kuma ɗaga da zuciya ɗaya, har ranar da yayanta Matiyas ya dawo daga fagen daga da rauni a ƙafa. Ya daina barci, ya daina dariya. Wata rana ya gaya mata abin da ya gani ana yi wa mata da yara a ƙauyukan gabas, ya ce dole mutane su sani. Ita a lokacin shekararta sha tara, tana koyon buga tafireta. Sai ya riƙa rubutawa, ita tana bugawa a ɗakin ajiye gawayi, da bargo a ƙarƙashin tafiretar don kada maƙwabta su ji ƙara. Gajerun takardu ne masu cewa ana kisa da sunanku, ku daina ba da hannu. Takan ɓoye su a kwandon cefane ƙarƙashin dankali, ta ajiye ɗaya a matakalar wannan gida, ɗaya a kujerar jirgin ƙasa. Ta ce duk lokacin da ta ajiye ɗaya tsoro kan kama ta sosai, kuma ba ta taɓa sanin ko mutum ɗaya ya karanta ba.

Wata takwas suna haka, sai wani mai gadin bene ya ga Matiyas ya kai ƙara. 'Yan sandan ciki suka kama su duka biyun. Kwana biyu ana yi mata tambayoyi a ɗaki mai wannan tutar a bango, ta riga ta sallama rai. A rana ta uku aka buɗe ƙofa aka ce ta tafi gida, domin yayanta ya ce shi kaɗai ya rubuta, shi ya buga, ƙanwarsa ba ta san komai ba. Duk azabar da aka yi masa bai canza magana ba. Bayan makonni aka kashe shi. Sitti ta kamo hannun Zahra ta riƙe, ta ce wa uwar yarinyar, "'Yarki irin yayana ce, kada ki ƙara taɓa ta a kan wannan." Ni kuma ta shafa kaina ta ce, "Ke ma kin zo da ƙafarki. Khalas, ya wuce." Na fashe da kuka, wani nauyi ya sauka daga ƙirjina, har na ji yunwar kwana uku ta taso mini gaba ɗaya. Uwar Zahra ta rungume 'yarta tana ba ta haƙuri da Hausarsu ta Cadi. Zahra ta yi sati ba ta yi mini magana ba, sannan wata safiya ta ƙwanƙwasa mana ƙofa ta ce in fito mu tafi makaranta.

Sitti ta ƙara shekara shida a duniya, an binne ta a Madina kamar yadda ta roƙa. Ba ta sake tayar da maganar ba, mu ma ba mu tambaya ba, abin da yanzu nake nadama. Bara na je Umra na bi ta unguwar. Gonar bayan gida ta zama benaye, titi mai faɗi ya ratsa inda gidajenmu suke, jikokin Zahra kuwa in na yi musu Hausa da Larabci suke amsa mini. A da maƙwabci kan san ciwon maƙwabcinsa ta katanga, yanzu nakan yi wata ban ga fuskar na kusa da ni ba. Har gobe idan na ga ana zaluntar wani kuma bakina ya yi nauyi, nakan tuna wata budurwa mai tsoro da ta fita duk da tsoron. Ban kai ta ba, amma na yi sa'ar zama kusa da ita.