Kawu Haliru da zauren da muka shafe da siminti

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Laraba, 16 ga Afrilu, 2025, Allah ya karɓi ran kawuna, Malam Haliru Bungudu, a asibiti a Gusau, bayan jinyar wata biyu.

Kawu, kowa ya san ka da zancen titi ɗaya. Tun da aka tura ka kwas birnin Oxford na Ingila kana saurayi, ka dawo da labarin babban titinsu mai lanƙwasa, inda kwalejoji da wata tsohuwar majami'a mai tsini suke tsaye shekaru aru-aru. Mun ji shi har mun haddace, har muna kwaikwayonka a bayan idonka. A titin nan ka tarar da wani magini yana gyaran bango da farar ƙasa irin ta asalin ginin. Shi ya gaya maka siminti yana kulle danshi a ciki har bango ya ruɓe.

"Namu ma haka ne, Shu'aibu," ka ce mini. "Ginin ƙasa, ƙasa yake so."

Shekara talatin kana yaɓe zauren kakanmu da hannunka kafin kowace damina, da jar ƙasa da makuba ta ɓawon ɗorawa. Katangar Inna Ladidi, tsohuwar da ke maƙwabtaka da mu, ita ma ba ka taɓa barin ta babu yaɓe ba, kuma ko ruwa ba ka sha mata.

Kana kwance a asibiti, ɗanka Mannir ya ce bai dace mutum irinka ya dawo ya tarar da zauren laka ba. Muka shafe shi da siminti, muka yi masa fenti. Ni da na fi kowa jin gargaɗinka, ni na kwaɓa. Da ka tambaye ni ko an yi yaɓen bana, na ce an yi. Ka yi mini addu'a.

Kwana uku muka zauna makoki a zauren nan, masu gaisuwa suna shafa bango suna cewa Malam ya bar 'ya'ya nagari. Raina ya ɓaci, amma ban san da wa zan yi faɗa ba.

Allah ya jiƙanka, ya gafarta maka, ya sa Aljanna ce makomarka. Ya ba matarka Hajiya Huseina da mu duka haƙurin rashinka.

Mannir, hadari ya fara haɗuwa ta gabas. Ranar Asabar zan zo da diga in ɓamɓare abin da muka yi. Ka zo ka kama mini, ko kuma ka zo ka hana ni.