Kitson da Ya Hana Ɗiyata Tafiya

Shekarar da fara ta cinye mana gero a Gangara, kafin a gina lakol, makarantar boko, na yaye ɗiyata ta fari na miƙa wa yayar mijina a Gazawa, wadda Allah bai ba haihuwa ba. Ban yi kuka ba. Wa ke kukan ɗan fari a gaban mutane? Ko sunanta ba na faɗa, haka aka tarbiyyantar da mu.

Sai da gwaggon tata ta rasu, ita kuma ta zama uwar 'ya'ya, rannan kabu-kabu ya sauke ta ƙofar gidana. Ta durƙusa ta ce, "Inna, ina wuni?"

Na juya wa akuyata na ce, "Ke, gaya wa baƙuwa lafiya lau, fura na cikin ɗaki."

Ta sha furar, ta dubi akuyar ta ce, "Gaya wa mai gidan nan na zo ganin uwa, an haɗa ni da mai ƙaho. Da safe zan koma, kuma ba ni sake zuwa."

Kai! Bakin nan nawa ne, ba na gwaggonta ba. Amma na ga da gaske take.

Da safe tana ɗaura kallabi na hango kanta ba kitso. Na ce wa akuya, "Wannan kai ba ya fita daga gidana, a ce ni na haife shi." Na jawo kujera na nuna ƙasa. Ta zauna tsakanin ƙafafuna.

To ai ƙeya ba ta da ido, ina kunya? Ina tsaga ina magana. Na gaya mata duk ranar kasuwar Gazawa da na kai daddawa, ita nike zuwa leƙe. Na gaya mata ranar da ta faɗi bakin rijiya ta fasa haɓa, ina bayan rumfar mai gishiri ina cizon gyale.

Can ta ce, "Inna, kina ja da yawa."

"Yi haƙuri, layin ya karkace." Na warware na sake. Ni da ba a taɓa gyara wa kitso ba! Mai kabu-kabun da ya zo ɗaukarta ya yi ta hon har ya gaji ya tafi. Ta zauna sai da aka yanke gero.

Cikin waɗanda suka ga ranar yayen, saura ni da ƙanen mijina, shi ma ba ya ji sai an yi ihu.