Sunan da Barira ta kasa faɗa

Wata rana da hantsi, wata mata ta yi sallama a gidan Barira, riƙe da jakar bakko ba komai a ciki.

Inna Zulai ce, yayar mahaifiyar Nusaiba. Ta zo tafiya da yarinyar.

Nusaiba 'yar mijin Barira ce, shekararta goma sha biyu. Uwarta ta rasu, bayan shekara Barira ta shigo gidan. Ita kuwa Allah bai ba ta haihuwa ba.

Ita ke yi wa yarinyar kitso, ita ke wanke mata kayan makaranta. Da taifot ta kwantar da ita, kwana tara Barira ta yi a kan tabarmar asibiti.

To amma Nusaiba gwanar kallon fim ce.

Kun dai san matar uba a fim. Harara, murguɗa baki, barbaɗa magani a miya. Ni dai har yau ban ga wadda ta goya 'yar miji ta kai ta asibiti ba. Masu shirya fim, ku ji tsoron Allah mana.

A tsakar gida, gaban mahaifinta Malam Isuhu, yarinyar ta faɗi abin da ke ranta tana hawaye.

"Shekara uku Anti ba ta taɓa kiran sunana ba. Sai dai 'ke' ko 'yarinyar nan'. In aka yi baƙi ko kallona ba ta yi. Haka suke farawa a fim."



A ƙauyen da Barira ta tashi, uwa ba ta faɗar sunan ɗan fari, ba ta nuna sonsa a gaban mutane. Ita ma 'yar fari ce, har mahaifiyarta ta koma ga Allah ba ta taɓa jin "Barira" daga bakinta ba.

Ranar da ta tare, ta dubi marainiyar nan ta ƙudura a ranta cewa wannan ce 'yar farinta. Tun daga ranar sunan ya fi ƙarfin bakinta.

Malam Isuhu ya san al'adar nan. Inna Zulai ma ta sani sarai. Amma ba wanda ya taɓa kawowa a ransa cewa matar uba za ta yi wa 'yar miji irin wannan kunyar.

Inna Zulai ta juyo.

"Barira, in ba ƙin ta kike yi ba, kira sunanta yanzu. Sai in tafi ni kaɗai."

In Barira ta faɗi sunan, ta mayar da yarinyar 'yar wata, ba 'yar farinta ba.

In ta yi bayani, ta tsaya ke nan gaban mijinta tana shelar son 'yarta, abin da a wurinta ya fi mari ciwo.

In ta yi shiru, ta tabbata matar uban fim.

Ta buɗe baki. Ta rufe.

"Yaya, ba zan iya ba."

"Ka dai ji da kunnenka, Isuhu," in ji Inna Zulai.

Da hannunta Barira ta ninke kayan yarinyar ta zuba a jakar. Ta bi su har bakin titi.

Keke napep ya tashi. Sai da ya sha kwana ya ɓace, sannan ta ja mayafi ta rufe fuska, ta ce a hankali, "Nusaiba."

Ba wanda ya ji sai mai rake.

Darasi: Matar uban da ke cikin fim an biya ta ne ta yi mugunta. Kada ku auna ta gidanku da ita, ku tambaye ta. Ku kuma iyayenmu masu alkunya, yaran yanzu ba sa fahimtar shiru. In kuna son su, ku faɗa tun suna kusa.

In ka san wata mai riƙon ɗan da ba ta haifa ba, tura mata wannan, ka haɗa da godiya.